An yanke wa ɗana ƙisasi a Makka: me alƙalan isti'inafi za su duba?

Tambayar ta fito ne daga wata uwa tamu mazauniyar Makka, 'yarta ce ta rubuto a madadinta. A taƙaice ga abin da ta ce. Faɗa ya kaure da dare tsakanin samarin unguwa, aka soki wani da wuƙa, ya kwana huɗu a asibiti ya cika. Aka kama ɗanta da wasu mutum biyu, kotun laifuka ta yanke wa ɗan nata ƙisasi, wato a kashe shi a madadin ran da aka kashe. Hujjojin da suka ji an ambata su ne iƙirarin da ya sa wa hannu a wajen bincike, wanda daga baya ya ce bai san abin da aka rubuta a ciki ba, da shaidar mutum ɗaya wanda ɗan baffan mamacin ne, da hoton kyamarar wani kanti da ya nuna shi yana gudu. Tana so ta sani: in an je isti'inafi, wato ɗaukaka ƙara, za a sake kiran shaidu ne? Me alƙalan can suke dubawa? Kuma da gaske ne abin da ake faɗa a unguwa, wai hatimi kawai suke bugawa su mayar?

Hajiya, Allah ya ba ki haƙuri, ya jiƙan wanda ya rasu, ya bayyana gaskiya. Na yi shekaru ina tafinta tsakanin mutanenmu da masu bincike, daga baya na koma nazarin fayil a ofishin lauya a Jidda. Abin da zan faɗa bisa labarin da kika bayar ne, lauyan da zai riƙe sakki, wato takardar hukuncin, a hannunsa shi zai ɗora shi a kan takarda.

Fara da sanin cewa hukuncin da aka karanta muku bai zama na ƙarshe ba, ko da ba ku ce uffan ba. Tun dokar tsarin kotuna ta 1428 Hijira, wato 2007, da dokar bin matakan shari'ar laifuka ta 1435, wato 2013, shari'ar da ta shafi rai tana bin matakai uku. Alƙalai uku ne suke yanke ta a kotun farko. Daga nan dole fayil ya hau kotun isti'inafi, wato kotun ɗaukaka ƙara, inda alƙalai biyar za su duba shi, ko wani ya nema ko bai nema ba. In sun amince, sai ya wuce kotun ƙoli a Riyad, can ma biyar ne. A galibin sauran shari'o'i kotun ƙoli ba ta shiga bahasin abin da ya faru, doka kawai take dubawa, amma a hukuncin kisa aikinta bitar hukuncin ne ɗungurungum. Bayan duk wannan ba a zartarwa sai da umarnin Sarki. Alƙalai goma sha uku ke nan kafin a kai ga fadar. Dattawan da suka san tsohon tsari suna cewa "tamyiz", don a da kotunan tamyiz biyu ne kacal, ɗaya a Riyad ɗaya a Makka, su ne isti'inafi ta maye gurbinsu.

To amma kada wannan hawa na dole ya sa ku naɗe hannu. Kuna da kwana 30 daga karɓar sakkin ku shigar da takardar ƙin yarda, wadda ake kira la'iha. Fayil ɗin da ya hau ba la'iha, alƙalai za su karanta shi da idon kansu kaɗai. Wanda ya hau da ita, an riga an nuna musu shafin da za su tsaya a kai. In ba ku da halin ɗaukar lauya, doka ta ba wanda ake tuhuma da babban laifi damar neman kotu ta naɗa masa a kan kuɗin gwamnati. Ku nema a rubuce.

Game da sake kiran shaidu: isti'inafi tana da hanya biyu, ko ta yi bitar takardu ba tare da kowa ya zo ba, ko ta buɗe zama ta saurari ɓangarori. Ko da ta buɗe zaman, kada ki sa ran a share allo a sake daga bismilla. Abin da take ginawa a kai shi ne abin da ke cikin fayil, da duk wata kariya ko sabuwar hujja da kuka gabatar don ƙarfafa dalilan da kuka rubuta a la'iha. Alƙalan nan ba su ga fuskar ɗanki ran da aka kama shi ba, ba su ji rawar muryar mai shaida ba. Rubutu suke gani. Shi ya sa kullum nake gaya wa mutanenmu, maganar da aka faɗa a farfajiyar kotu ba a shigar da ita littafin zama ba, a wurin isti'inafi ba a taɓa faɗarta ba.

Yanzu ga ainihin awon. Duk wanda ya zauna gaban malamin zaure ya karanci Risala ya wuce ta kan wannan: ba a kashe rai saboda rai sai da shaidu adalai, ko iƙirari, ko ƙasama, wato rantsuwa hamsin, in ta wajaba. Kotunan nan Hambaliyya suka fi bi, mu kuma Malikiyya muka tashi da ita, amma a kan waɗannan ƙofofi uku bakinsu ɗaya. Tambayar farko da alƙalin isti'inafi yake yi wa sakki ita ce, ta wace ƙofa aka shigo? Sakki yakan jero hujjoji goma, sha biyu, kowace da lambarta, har mai karatu ya tsorata. Gogaggen mai nazari ba ya ƙirga su. Yana neman guda ɗayar da in aka zare ta ginin zai zube. Sauran ado ne da tokara. A shari'ar ɗanki, a yadda kika ba da labari, ginshiƙin shi ne iƙirarin nan, don haka a kansa zan daɗe.

Baki shi ke yanka wuya, kuma a babin jini karin maganar ba wasa ba ce. Mutane da yawa sun ji cewa wanda ya yi iƙirari yana iya janyewa, sai su ɗauka ko'ina haka ne. Wannan a haddi ne tsantsa, haƙƙin Allah, kamar zina ko shan giya. Ƙisasi haƙƙin ɗan Adam ne, na magadan mamaci, kuma ka'idar malamai ita ce wanda ya amsa haƙƙin wani a kansa ba ya kuɓuta da cewa "na fasa". Saboda haka la'ihar da ta tsaya a kan cewa ya janye iƙirarinsa ba ta kawo komai ba. Abin da ake kai wa hari shi ne ingancin iƙirarin tun ran da aka yi shi: shin mai hankali ne baligi ya yi shi, da zaɓin kansa, yana sane da ma'anar kalmomin? Doka ta hana tilasta wa wanda ake tuhuma ko rantsar da shi a wajen tambayoyi, ta kuma ce duk matakin da ya saɓa wa Shari'a ko doka ɓatacce ne. Ta ce ko mutum ya amsa laifi a gaban kotu, sai alƙali ya saurare shi dalla-dalla ya tattauna da shi har ya natsu cewa amsawar sahihiya ce.

Abin da alƙalai biyar ɗin za su lalubo a nan abubuwa ne ƙanana masu nauyi. Na farko, an kai shi gaban alƙali ya tabbatar da iƙirarin, abin da ake kira tasdiƙi, ko a ofishin mai bincike kaɗai ya tsaya? Iƙirarin da aka tabbatar gaban alƙali ya fi wuyar rushewa nesa ba kusa ba. Sai su duba ko iƙirarin mai bayani ne ko dunƙulalle. Wanda ya ce ga wuƙar, ga inda na same ta, ga gefen da na soka, ga inda na jefar da ita, aka je aka tarar da ita a can, ya ɗaure kansa da abin da mai laifi kaɗai zai sani. Wanda aka rubuta masa layi biyu cewa ya kashe wane da gangan bisa zalunci, ba wani bayani, wannan iƙirari ne mai ƙafa ɗaya. Sannan su gwada shi da rahoton likitan binciken gawa. In iƙirari ya ce suka ɗaya a ciki, likita ya ce biyu ne a baya, to akwai magana.

Batun harshe ya shafe mu fiye da kowa, kuma a nan na ga abin da ba na mantawa. Yaranmu haifaffun Makka suna jin Larabcin kasuwa kamar ruwa, shi ya sa ba a neman musu tafinta, su ma kunya ba ta barin su nema. Amma Larabcin takardar bincike wani yare ne daban. An taɓa kira na wajen wani saurayi bayan an gama rubuta bayaninsa, aka ce in karanta masa kawai ya sa hannu. Na karanta, na juya masa da Hausa. Da na zo kan "amdan udwanan" na ce masa, ka ce da niyya ka yi, kuma kai ne ka far masa ba da haƙƙi ba. Ya ɗago kai ya dube ni, ya ce, "Yaya, ni fa cewa na yi mun yi kokawa wuƙar tana hannuna." Hannunsa na riƙe da biro lokacin. Tsakanin abin da ya faɗa da abin da ke kan takardar akwai ran mutum. Ba na cewa wani ya yi mugunta. Mai rubutu ya saba da jimlar da ake rufe bayani da ita, yaro kuma ya saba da cewa "to" ga duk wanda ya girme shi. Doka ta wajabta tafinta ga wanda ba ya jin Larabci. In ɗanki bai yi makaranta a nan ba, ko bai iya karatu ba, a kawo abin da zai nuna haka, a kuma nuna cewa ba sunan tafinta a takardar.

In kuma maganarsa ita ce an matsa masa, gaskiya zan faɗa miki, wannan ita ce da'awa mafi wuyar ci. Kusan kowa yana yin ta, alƙalai sun ji ta har sun gaji, kuma nauyin tabbatar da ita a kan mai yin ta yake. Ƙungiyoyin kare haƙƙin ɗan Adam sun daɗe suna kukan cewa ana dogara da iƙirarin da masu shi suka ce dole aka yi musu. Abin da ke sa a saurare ta shi ne alama a takarda: rahoton asibitin gidan yari, ranar kamu da ranar iƙirari da abin da ke tsakaninsu, ko ya faɗa wa alƙali tun zaman farko. Sai a duba abin da kotun farko ta yi da ya faɗa. In ya ɗaga maganar, sakki ya wuce bai amsa ta ba, wannan giɓi ne a dalilan hukunci, kuma irin giɓin da isti'inafi ke tsayawa a kai ke nan.

Malamai sun san tun da can cewa marar laifi yana iya amsa laifi. Ibnul Ƙayyim ya kawo a littafinsa Aɗ-Ɗuruƙul Hukmiyya labarin mutumin da aka kama a kango zamanin Sayyidina Ali, wuƙa a hannunsa jina-jina, gawa a gabansa. Ya ce shi ya kashe. Ana shirin tafiya da shi sai wani ya taho da gudu ya ce shi ne mai kisan. Ashe na farkon mahauci ne, ya yanka saniya, fitsari ya matse shi ya shiga kangon da wuƙarsa, ya yi kiciɓis da gawar, aka rutsa shi. Da aka tambaye shi me ya sa ya amsa, ya ce ya san ba mai yarda da shi. Lauyoyi suna kawo wannan a la'iha, kuma yana da wurinsa, amma labari ba ya maye gurbin takardar asibiti.

Mai shaida kuma. Ƙisasi ba ya tabbata ta hanyar shaida sai da maza biyu adalai, ganau ba jiyau ba, waɗanda suka ga sukan da idonsu, bakinsu ya zo ɗaya a kan wanda ya yi, da abin da ya yi da shi, da wuri da lokaci. Mutum ɗaya bai cika ba, ko da limamin unguwa ne. Zamansa ɗan baffan mamaci shi kaɗai ba ya kore shaidarsa, kada ku ɓata tawada a kan haka. Abin da ke kore ta shi ne in yana cikin masu gadon mamacin, don yana jawo wa kansa amfani, ko akwai tsohuwar gaba tsakaninsa da ɗanki, ko shi ma yana cikin faɗan, don mai tura laifi ga wani yana kare kansa ne. A gwada abin da ya faɗa wa 'yan sanda a daren da abin da ya faɗa a niyaba, wato ofishin masu gabatar da ƙara, da abin da ya faɗa a kotu. Sau da yawa bayanin farko yana cewa "na ga suna faɗa, sai na ga ya faɗi", na ƙarshe ya koma "na ga ya zaro wuƙa ya soke shi". A kuma duba an ba ɗanki damar sukar shaidar ko ba a ba shi ba. Waɗanda suka san kotunan Shari'a na gida sun san i'izari, tambayar da alƙali ke yi wa wanda za a yanke wa hukunci ko yana da sauran hujja. Ma'anar a nan ma tana aiki.

Hoton kyamara ya nuna yana gudu. Wa ba ya gudu in an zubar da jini, balle yaron da igamarsa, wato takardar izinin zamansa, ta mutu? Irin wannan ana kiransa ƙarina, alama ce mai nuni. Kyamara, zanen yatsa, gwajin jini, bayanan waya, duk a nan suke. Alƙalan yanzu suna ba su muhimmanci ƙwarai, suna kafa hujja da maganar Ibnul Ƙayyim cewa bayyina, wato hujjar shari'a, suna ne na duk abin da ya bayyana gaskiya, da irin abin da Ibnu Farhun, alƙalin Madina Bamalike, ya tattara a Tabsiratul Hukkam. Duk da haka Majalisar Fiƙihu ta Rabiɗa, wato Ƙungiyar Musulmi ta Duniya, a zamanta na Makka a 2002, ta ce a yi amfani da gwajin ƙwayar halitta wajen bincike da tabbatar da laifukan da ba haddi ko ƙisasi a cikinsu. Abin tambaya ga kowace ƙarina shi ne me ta tabbatar takamaimai. Hoton nan ya tabbatar yana wurin. Bai nuna wuƙa a hannunsa ba, in dai yadda kika faɗa ne. In ma hoton dare ne mai dishi-dishi, kama da wane ba ta wane.

Ga inda nake so ki natsu, don nan ne iyalai da yawa suke murna da wuri. A ce iƙirarin ya faɗi, shaida bai cika biyu ba. Ƙofa ta uku tana nan, ita ce ƙasama. Asalinta kisan Abdullahi ɗan Sahlu a Haibara, inda Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya gabatar wa danginsa rantsuwa hamsin, suka ce ba za su rantse a kan abin da ba su gani ba, a ƙarshe ya biya diyyar raƙuma ɗari. In akwai lausu, wato alama mai ƙarfi da ke sa zuciya ta rinjaya cewa wane ne ya yi, alƙali yana iya ba magada maza rantsuwa hamsin a kan mutum ɗaya ayyananne, in sun yi su cancanci jininsa. A asalin mazhabar Hambali lausu gaba ce bayyananna, amma akwai ruwaya ta biyu daga Imamu Ahmad wadda Ibnu Taimiyya ya zaɓa, cewa duk abin da ya rinjayar da zato lausu ne. Kin ga ke nan tarkacen da suka rage, shaida ɗaya da hoton gudu da iƙirarin da aka yi jayayya a kansa, ana iya haɗa su a ce sun kai. Lauya mai hangen nesa yana rufe wannan ƙofar tun a la'ihar farko: yana nuna cewa mutum uku aka kama, cewa magada ba su haɗu a kan mutum ɗaya ba in haka ne, ko sun fara zargin wani kafin su dawo kan ɗanki. In magada suka ƙi rantsuwa, ita ke komawa kan wanda ake tuhuma, ya yi hamsin ya barranta.

Kwana huɗun da mamacin ya yi a asibiti suna da muhimmanci ta fuska biyu. Ya yi magana? A Malikiyya, faɗar mai rauni cewa "jinina yana wuyan wane" lausu ce, Risala ta ambace ta ƙarara. Sauran mazhabobi ba su ɗauke ta haka ita kaɗai ba, amma a fayil tana da nauyinta, ta kowane ɓangare. In ɗan sanda ya je gadonsa ya ambaci wani suna daban, ko ya ce bai ga wanda ya soke shi ba, wannan takardar zinariya ce, a nemo ta. Ta fuska ta biyu, me ya kashe shi? Dole rahoton likita ya ƙulla mutuwar da raunin. Galibi yana ƙullawa, kada ki sa rai da yawa a nan, amma a karanta shi kalma-kalma.

Sai siffanta laifin, wanda shi kansa dalili ne na rushe hukunci in an kuskure shi. A mashhurin Malikiyya kisa iri biyu ne, ganganci da kuskure. Kotunan nan suna da na uku a tsakiya, shibhul amdi, mai kama da ganganci, kuma ba ƙisasi a cikinsa sai diyya mai nauyi. Niyya a zuciya take, don haka makami suke kallo: abin da aka yi amfani da shi yana kisa a galibi? Naushi ko ƙaramar sanda suna iya sauko da shari'a zuwa mataki na tsakiya. Wuƙa a ƙirji ko ciki ba ta saukowa, ko da mutum ya rantse tsoratarwa ya yi nufi. Wanda kuma ya ce kare kansa ya yi, ya sani ya amsa kisan ke nan, saura ya kawo hujjar cewa far masa aka yi. Na ga wanda ya jefa kansa rami da wannan kalma yana zaton tsani ce. Batun su uku ma a duba shi. Ana kashe jama'a saboda mutum ɗaya in sun haɗa baki, kamar yadda Sayyidina Umar ya yi a shari'ar mutanen San'a da ke cikin Muwaɗɗa. Amma faɗan da ya ɓarke ba shiri, ba a san hannun da ya yi sukan ajali ba, hukuncinsa daban, kuma dole sakki ya bayyana dalilin da ya ware ɗanki daga sauran biyun.

Shin hatimi kawai suke bugawa? Hukunce-hukunce da yawa ana tabbatar da su, ba zan ɓoye miki ba, musamman masu iƙirarin da aka tabbatar gaban alƙali. Amma na ga fayilolin da aka tsayar saboda abin da iyali ba su ma lura da shi ba: takardar ƙididdige magada ba ta cika ba, ko wakilin da ya nemi ƙisasi wakilcinsa bai ƙunshi neman jini ba, ko ba a tantance shekarun wanda ake tuhuma ko lafiyar hankalinsa ba. Ƙisasi ba ya tabbata sai duk masu haƙƙin jini sun nema, kuma in mutum ɗaya a cikinsu ya yafe, ya faɗi. In akwai ƙaramin yaro a magada, jiransa ake yi ya balaga. Wata 'yar aiki 'yar Indunusiya da aka kama a Madina a 1999 kan kisan matar da take yi wa aiki, sai a 2015 aka zartar mata, saboda jiran autan mamaciyar, wanda da ya girma ya ƙi yafewa. Ko kotun ƙoli in ba ta gamsu ba, rushewa take yi ta mayar wa wasu alƙalai daban su sake. Bayan an gama komai ma akwai neman sake duba shari'a in sabuwar hujja ta ɓullo ko ta tabbata shaidar zur aka yi.

Abin da ba ya aiki a la'iha shi ne kuka. Cewa shi ke ciyar da ke, mai sallah ne, bai taɓa faɗa ba, duk gaskiya ne mai yiwuwa, amma alƙali ba shi da ikon yafe jinin da ba nasa ba. Ko Sarki ba ya yafe ƙisasi a madadin magada. Wannan maganar gidan mamaci ake kai ta, kuma ba sai an jira isti'inafi ta gama ba. A samu dattawan da ɓangarorin biyu ke jin nauyinsu, a kuma bi ta kwamitin sulhu na Imarar Makka. Diyyar da aka ƙayyade tun 2011 riyal 400,000 ce a ganganci da mai kama da shi, 300,000 a kuskure, amma sulhu a kan ƙisasi abin da aka daidaita ne, yana iya wuce haka, yana iya zama don Allah ba ko sisi. Kada a fara tara kuɗi a unguwa ko a WhatsApp ba da izinin hukuma ba, wannan wata matsalar ce daban. In an samu tanazul, wato yafewar magada, a kai shi kotu a rubuta, kada a bar shi a fatar baki. Bayansa akwai haƙƙin hukuma, wanda a kisan ganganci aka saba shekara biyar ne a gidan yari. Kisan gila kuwa, wato na yaudara, yafiya ba ta aiki a kansa, bisa matsayar Majalisar Manyan Malamai ta 1395 Hijira, kuma faɗan titi a bainar jama'a ba ya cikin wannan.

Abu ɗaya ku kiyaye wajen zuwa gidan mamaci. Ku je da ta'aziyya da neman alfarma, amma kada wani dattijo, don son tausasa zuciya, ya ce "yaronmu ya yi kuskure, ya amsa, ku yafe masa" a gaban mutum ashirin, alhali lauya yana can yana rubuta cewa bai amsa ba. Ku zauna da lauyan ku daidaita kalmomin da za a faɗa kafin a tafi. Ita kuma 'yarki, gobe ta ciro sakkin daga Najiz, shafin intanet na ma'aikatar shari'a, ko ta karɓo kwafinsa, ta rubuta ranar da aka miƙa shi a saman shafin farko, ta ƙirga kwana 30 daga washegarinta. Sannan ta buɗe wajen da aka rubuta dalilan hukunci, kusa da ƙarshe, ta ja layi a ƙarƙashin hujjar da alƙalai suka fara ambata bayan sun ce "ya tabbata a wurinmu". Da wannan shafin za ta shiga ofishin lauya.